Kun Tambaya, Mun Amsa: Haɗa Goge da Kalangu da Kiɗan Na'ura a Fim

Wasiƙun wannan wata kusan duk hanya ɗaya suka bi. Masu haɗa kiɗan fim ne da suka gaji da sautin fiyano zalla, suka gayyato makaɗan gargajiya situdiyo, sai aikin ya ƙi zama. Mun zaɓi bakwai, mun taƙaita wasu saboda fili.

Assalamu alaikum. Ina haɗa kiɗa da manhajar FL Studio da fiyano ƙirar Yamaha. Darakta ya ce yana son goge a fitowar da uwa take bankwana da ɗanta. Na gama kiɗana, na kira mai goge ya bi a kai. Gogen shi kaɗai da daɗi, kiɗana shi kaɗai da daɗi, amma da na haɗa su sai kunne ya ƙi karɓa. Ko mai gogen ne bai iya ba? — Mai haɗa kiɗa, Fagge, Kano

Wa alaikumus salam. Malam, kada ka ɗora wa mai goge laifi. Ka fara ne da abin da ya kamata ya zo daga baya.

An saita fiyano a kan ma'auni guda tun daga kamfani. Muryar A tana kan 440 Hz (Hz shi ne adadin kaɗawar sauti a daƙiƙa ɗaya), kuma tsakanin kowace murya da takwararta ta sama an raba gida 12 daidai wa daida, kowane gida senti 100. Goge bai san wannan rabon ba. Ƙwarya ce da aka rufe da fatar guza, tsirkiyarsa gashin wutsiyar doki, babu alamar wurin ɗora yatsa a jikinsa. Mai shi yana ɗaure shi daidai da muryarsa ko ta mawaƙinsa, yawanci cikin muryoyi biyar yake yawo, tazarar da ke tsakaninsu kuma kunnensa ne ya yanke ta. Ba abin mamaki ba ne wata murya ta sauka senti 20 ko 30 ƙasa da ta fiyano. Bambancin senti 5 ba kowa ke kama shi ba, amma na 25 ko wanda bai san kiɗa ba zai ce maka wani abu ya yi tsami.

Juya aikin. Kunna wa mai goge fitowar ya kalla sau biyu ko uku, ka gaya masa abin da ke faruwa, sannan ka ɗauke shi shi kaɗai, babu komai a kunnensa. Bayan ya gama, nemo muryar da yake yawan komawa ya huta a kanta, domin ita ce gidan kiɗan. Ɗora mata manhajar awon murya ka ga inda ta tsaya. A ce ta nuna G amma ta gaza da senti 30. Sai ka sauke dukkan sautukan na'urarka da senti 30 ɗin, wato 440 ta koma kusan 432 Hz. Fiyanon Yamaha yana da wurin yin haka a cikin saitinsa, manhajojin sintesaiza, wato na'urar ƙera sauti, ma kusan duk suna da shi. Manyan fiyanon Yamaha ƙirar PSR, musamman waɗanda aka yi wa kiɗan Larabawa, har suna ba ka damar gyara kowace murya ita kaɗai, ka ga ke nan za ka iya auna muryoyin gogen biyar ɗin ɗaya bayan ɗaya ka sa fiyano ya bi su.

Sannan ka rage yatsu. Idan ka danna C da E da G tare, ta tsakiyar nan ita ce mai jawo rigima, domin ita ce ta fi saɓa wa abin da goge ke yi. Cire ta. Muryar gida da ta biyar ɗinta, kamar C da G ɗin nan, a ja su a ƙasa a hankali, sun wadatar. Goge da kansa zai gaya wa mai kallo baƙin ciki ake yi ko murna.

Kada ka sa masa Auto-Tune, manhajar da ke daidaita murya da kanta. Daɗin goge yana cikin zamewar da yatsa ke yi daga murya zuwa murya, manhajar kuwa gani take kuskure ne, sai ta mayar da shi tsalle-tsalle. Idan wata doguwar murya guda ce ta kauce, gyara ita kaɗai da hannu a manhajar Melodyne ka bar sauran.

Abu na ƙarshe shi ne yanayi. Fata da gashi suna saki da damina, suna ɗaurewa da hunturu, sanyin iyakwandishan ma yana taɓa su. In mai goge ya shigo daga rana, bari kayan ya zauna a ɗakin minti 20 zuwa 30 kafin a fara. Duk abin da ya shafi fitowa ɗaya a ɗauke shi a zama ɗaya, domin gogen da ka auna da hantsi ba lallai ya tsaya nan ba bayan la'asar.

Na sa wa mai kalangu hedifon da ƙarar mitronom, na'urar da ke ƙirga bugu, don ya bi bugun da na tsara. Ya ce abin yana rikita shi, ya cire. Da na matsa masa sai kiɗan ya fito a sandare, kuma duk da haka yana baya-baya. Ina mafita? — Daga Sabon Gari, Zariya

Matsala biyu ce ka haɗa, ɗan'uwa. Bari mu fara da ta na'ura don ita ce mai sauƙi.

Kafin sautin da makirufo ya ɗauka ya shiga kwamfuta ya dawo kunnen makaɗi, akwai ɗan jinkiri, kuma girman ma'ajiyar wucin gadi ta katin sautinka ne ke ƙayyade shi. A kan 48 kHz, wato na'ura tana auna sautin sau 48,000 a daƙiƙa, in ka sa ma'ajiyar a 1024 jinkirin ya kai kusan kashi 21 cikin dubu na daƙiƙa a shiga kawai, fita ma haka. Makaɗi yana buga gula yana jin kansa daga baya, dole hannunsa ya rikice. Lokacin ɗauka mayar da ita 128, jinkirin ya sauka ƙasa da kashi 3 a kowane ɓangare. In kwamfutar ta fara kakarewa, kashe manhajoji masu nauyi, ko ka danna maɓallin da ke jikin katin wanda yake tura sautin makirufo kai-tsaye zuwa hedifon.

Ta biyun ta fi zurfi. Wanda ya tashi yana kiɗa a gidan biki, da mutane ya saba tafiya: mawaƙi, 'yan amshi, ƙafar mai rawa. Yana ɗan ja, yana ɗan saki, kuma da gangan yake yi. Ƙari a kan haka, da yawa daga cikin kiɗan kalangu rabon uku-uku yake bi a cikin kowane bugu, kai kuwa wataƙila ka bar allon manhajarka a kan huɗu-huɗu. In ka ce manhaja ta jawo kowane bugu kan layi mafi kusa, to ka kashe kiɗan.

Hanya biyu ce. Ko dai ka maye gurbin mitronom da abin da kunnensa ya sani, kamar tafi ko kacau-kacau da wani ya yi da hannu aka maimaita shi, ko kuma ka bar shi ya yi abinsa, daga baya ka sa manhaja ta bi shi. Mun fi son ta biyun. A manhajojin Cubase da Reaper kana iya jan layukan awo ka ɗora su a kan bugunsa, gaɓa bayan gaɓa, ta yadda saurin aikin zai riƙa hawa da sauka tare da hannunsa, a ce daga bugu 108 zuwa 112 a minti. Duk abin da ka tsara bayan nan, bes ne, wato sauti mai kauri na ƙasa, ko ganga ta na'ura, zai numfasa tare da shi. Aikin rabin awa ne a kan kiɗan minti biyu, kuma ya cancanta.

Wajen ɗauka, sa makirufo mai jure ƙara irin Shure SM57 kimanin taƙi ɗaya daga bakin fatar, a ɗan karkace don kada gula ta same shi. Mai kalangu ba ya tsayawa wuri ɗaya, yana matsa tsirkiya da hammata yana juya jiki, saboda haka sa alama a ƙasa inda zai tsaya, ka ƙara makirufo na biyu a nesa da mita ɗaya zuwa ɗaya da rabi. Sauti yana tafiyar kusan santimita 34 a kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa, don haka na nesan zai makara da kusan kashi 3 zuwa 4. In ka haɗa su ka ji kaurin kalangun ya zube, wannan makarar ce ta sa suke cin juna. A cikin manhaja, ja sautin na nesan ya fara da wuri har tsinin bugunsu ya daidaita. Kada mafi ƙarfin bugu ya wuce −10 dB a ma'aunin ƙarfin sauti, domin makaɗi in ya ji daɗi hannunsa nauyi yake ƙarawa.

Kuma in kalangu ya shigo, cire gangunan na'ura masu matsakaicin kauri. Bar babbar ganga ta ƙasa da ƙaramin kacau-kacau na sama, tsakiyar ta zama tasa.

Ni darakta ce. Kiɗan da aka haɗa mini ya yi kyau a situdiyo, amma a fim ɗin yana danne maganar 'yan wasa. In an rage shi kuma sai ya ɓace gaba ɗaya. — Daga Kaduna

Hajiya, rage ƙara kaɗai ba ya magance wannan, domin rigimar ta wuri ce. Abin da ke sa a gane kalmomin mutum yana tsakanin 1,000 da 4,000 Hz, kuma nan ne goge da algaita da sarewa suke zaune. Kalangu ma ya fi su, tunda shi kwaikwayon hawa da saukar harshen Hausa yake yi. Sa shi a ƙarƙashin magana daidai yake da mutum biyu su riƙa yi miki zance lokaci guda.

A nan ne na'ura take da ranarta. Lokacin da ake magana, a bar shimfiɗar sintesaiza mai kauri, wato dogon sautin da ke kwance a ƙarƙashin kiɗa, wadda aka yanke mata duk abin da ya haura 1,000 Hz, ta riƙe fitowar. Goge ya shigo a gurbin da magana ta bari: bayan an faɗi kalma mai nauyi, lokacin da kyamara ta tsaya a kan fuska, ko wajen sauya fitowa. Daƙiƙa huɗu na goge a cikin shiru sun fi minti guda yana kokawa da muryar jaruma.

Inda ba makawa sai sun haɗu, mai haɗa sauti ya rage wa kiɗan dB 3 zuwa 4 a kewayen 2,500 Hz, ya ajiye shi kimanin dB 15 zuwa 20 ƙasa da magana, ya kuma sa kwamfuresa, manhajar da za ta riƙa ɗan dusar da kiɗan duk lokacin da aka buɗe baki. Dusarwar kada ta wuce dB 3, in ba haka ba mai kallo zai ji kiɗan yana nutsewa yana tasowa.

Ɓacewar da kika ambata kuma, mu tambaye ki: a waya kika saurara? Lasifikar waya ba ta fitar da sauti mai kauri sosai, don haka shimfiɗar da ke girgiza situdiyo a 50 ko 60 Hz a waya babu ita. A ɗan ƙona sautin kaɗan da manhaja don ya haifi 'ya'ya, wato sautuka masu siriri da ke tashi daga jikinsa, a 200 zuwa 400 Hz, waya za ta kama waɗannan. Da yawa daga masu kallo a waya suke kallo, don haka kada ki amince da aiki sai kin ji shi a ƙaramar waya mai lasifika ɗaya.

Duk abin da na ɗauka da makirufo akwai wani gurnani a ƙarƙashinsa. — Daga Maraɗi

Wutar lantarkin Nijar da Nijeriya a kan 50 Hz take, gurnanin nata ne, tare da 'ya'yansa a 100 da 150. Gwada wannan: zare cajar laftof ka ɗauka da batir. In ya tafi, to daga wuta ne. Haɗa duk kayan a soket ɗaya, yi amfani da wayar makirufo mai ƙafa uku, kada ta kwanta jere da wayar wuta. In kuwa janareta ne ke shigowa ta bango, babu manhajar da za ta cire shi ba tare da ta ci naman gogen ba. Caja batir da inbata, a kashe janareta, a ɗauka. Fanka da firij ma a kashe.

Na daidaita murya, na daidaita bugu, amma har yanzu sarewar kamar an manna ta ne a kan kiɗan. Me ya rage? — Ɗalibi, Jos

Ɗaki ya rage. Sarewarka ta zo da amon ɗakin da aka ɗauke ta, ƙila ƙaramin ɗaki mai siminti da tayil. Sautin na'ura kuwa ko dai bai da ɗaki sam, ko kamfanin da ya yi shi ya lulluɓe shi da amsa-kuwwar wani katafaren zaure. Kunne yana ganewa nan take cewa ba wuri ɗaya suke ba.

Kashe amsa-kuwwar da ta zo da kowane sautin na'ura. Buɗe amsa-kuwwa guda ɗaya tak, mai tsawon daƙiƙa 1.5 zuwa 2, ka tura kowa cikinta, wanda kake so a gaba kaɗan, wanda kake so a baya da yawa. Yanke mata ƙasa da 200 Hz don kada ta yi laka. Nan gaba in za ka ɗauki sarewa, rataya barguna ko darduma a bango, ka sa makirufo wajen taƙi biyu daga bakin mai busa, a gefe, don iska kada ta buge shi.

Akwai dabarar da ta fi wannan. Fitar da shimfiɗar sintesaizar ta lasifika a cikin ɗakin da aka ɗauki sarewar, ka sa makirufo a nesa da mita biyu ka sake ɗaukarta, sannan ka cakuɗa kaɗan da ta asali. Yanzu sun sha iskar ɗaki ɗaya.

Wadda muka fi so kuma ita ce ka ƙera sautin na'urar daga jikin sarewar kanta. Ka ce wa mai busa ya ja murya guda mai tsawo, daƙiƙa takwas ko goma. Yanke tsakiyarta inda ta daidaita, sa ta a samfula, manhajar da ke mayar da sautin da aka ɗauka abin kaɗawa, sauke ta zuwa takwararta ta ƙasa sau ɗaya ko sau biyu, sa ta riƙa shigowa a hankali cikin daƙiƙa ɗaya. Ka sami shimfiɗar da babu mai irinta, kuma batun saita murya ya ƙare, tunda daga kayan ta fito. Bugun ƙwarya guda da aka sauke haka yana zama babbar ganga. Gurzar bakan goge in aka ja ta ta yi tsawo ninki huɗu tana ba da sautin fargaba da ya fi na cikin fiyano tayar da tsikar jiki.

In kana son misalin da za ka zauna ka nazarta, saurari kiɗan fim ɗin Black Panther na 2018. Wanda ya haɗa kiɗan, Ludwig Göransson, ya je Senegal, ya yi tafiya tare da mawaƙi Baaba Maal, ya ɗauki tama, 'yar'uwar kalangunmu, a hannun Massamba Diop, sannan ya gina sauran a kai. Sarewar Fulani kuma ya haɗa ta da gangar na'ura ta 808 ya ba abokin gabar jarumin. Aikin ya ci kyautar Oscar a 2019. Lura da jerin yadda ya yi: makaɗan ya fara ɗauka.

A fim ɗinmu akwai attajirin da ke shigowa taro. Ina so a busa masa kakaki don a ji girmansa. Furodusa ya ce a'a. Wa ya fi gaskiya? — Daga Katsina

Furodusanka. Kakaki da tambari na sarauta ne, kuɗi ba sa saye. In ka busa wa ɗan kasuwa, dattijon da ke kallo zai ɗauka ko dai ba ku sani ba, ko kuna yi wa attajirin shaguɓe. In shaguɓen kuke nufi, to madalla, ya yi daidai. In girma kawai kake so, ba shi ƙaho mai kauri na sintesaiza, wanda ba ya ɗauke da tarihin kowa.

Haka sauran kayan suke, kowanne da mutanensa. Garaya tana kai hankali ga maharba da 'yan bori, sarewa ga makiyaya, kiɗan ƙwarya da shantu ga mata a cikin gida, bandiri ga majalisin zikiri, kalangu ga mahauta da gidan biki. Kotso zai tuna wa mutane Narambaɗa da fada, kuntigi kuma da an ji shi Ɗanmaraya Jos ne zai faɗo a rai. Kana iya saɓa wa wannan da gangan, amma ka san kana saɓawa.

Kuma duk lokacin da mai kalangu ya buga maka wani salo mai daɗi, tambaye shi me gangar ta ce. Ƙila taken wani basarake ne ko na wata sana'a, kai ba ka ji ba, masu kallo sun ji.

Na miƙa wa edita kiɗa daidai da hoto. Da ya ɗora sai ya zama ya fi sauri, murya ta ƙara siriri, ƙarshensa bai haɗu da fitowar ba. Ya ce laifina ne. — Daga Kumasi

Alamun da ka lissafa na abu ɗaya ne: ka yi aikinka a kan 44.1 kHz, manhajarsa ta karanta shi a matsayin 48 kHz ba tare da ta juya shi ba. Hakan yana ƙara sauri da kusan kashi 9 cikin ɗari, ya ɗaga murya da kusan gida ɗaya da rabi na fiyano. Aikin fim a kan 48 kHz da bit 24 ake yin sa, a fitar da shi a WAV. Saita haka tun kafin ka ɗauki ko da bugu ɗaya. Kada ka aika MP3, kada kuma ka tura shi ta WhatsApp a matsayin sauti, domin matse shi ake yi. Tura shi a matsayin fayil.

In saurin bai canza sosai ba amma kiɗan yana zamewa kaɗan-kaɗan yayin da fim ke tafiya, to adadin firem ne, wato hotunan da ke wucewa a daƙiƙa ɗaya. Tambayi edita ko a kan 25 yake yanka ko 24 ko 23.976, ka saita naka daidai da nasa. Ka roƙe shi kwafin da agogon firem ke gudu a jikin hoton, kuma kada ka fara sai darakta ya tabbatar an gama yanka. A kan firem 25, kiɗa mai bugu 100 a minti kowane bugunsa firem 15 ne cif, mai 125 kuma firem 12, wannan yana sauƙaƙa maka sa bugu ya faɗa daidai inda hoto ya sauya.

Kada ka ba shi kiɗan a dunƙule. Raba shi kashi huɗu: kayan gargajiya masu murya, ganguna, bes, sai shimfiɗa. Duka su fara daga wuri ɗaya, tsawonsu ɗaya, sunan kowane fayil ya ɗauki lambar fitowa da lokacin da zai shiga. In goge ya yi karo da magana, sai a rage shi shi kaɗai. Wajen ƙarfin sauti na ƙarshe, YouTube yana rage duk abin da ya haura kimanin −14 a ma'aunin ƙarfin sauti na LUFS, ma'aunin gidajen talabijin na Turai kuma −23 ne, don haka a tambayi inda fim ɗin zai je kafin a rufe aiki.

Tunda kuma za ka yanka sautin makaɗi ka mayar da shi samfula, ku rubuta yarjejeniya kafin ya tashi: na wannan fim ne kaɗai ko kana iya sake amfani da shi, nawa aka biya, da yadda za a rubuta sunansa a ƙarshen fim. Ku sa hannu ku biyu da shaida ɗaya, kowa ya riƙe kwafinsa.